An Yi Sulhu, Amma Kwaɗon Kotu Na Nan a Ƙofa

Duk mai yawo a unguwannin Kano, ko Zariya, ko Katsina, ko Sakkwato, da wuya ya rasa cin karo da gidan da aka rangaɗa wa rubutu da jan fenti a bango, ana gargaɗin jama'a cewa maganar wannan gida tana gaban kotu, mai saye ya yi hattara. Wani wurin kuma shago ne a bakin kasuwa da ƙaton kwaɗo har ya yi tsatsa, ko fili a tsakiyar gari wanda ya zama juji, ko gona da ta shekara biyu ba ta ga garma ba. In ka tambayi maƙwabta, amsar da za ka fi ji ita ce rigimar gado. Abin da ke ɗaure kai shi ne, wani lokaci sai su ƙara da cewa ai magadan sun daɗe da shiryawa, ana zuwa sunan juna da bikin juna, har an ƙulla sabon aure a tsakanin 'ya'yansu. To, in har an shirya, me kwaɗo ke yi a ƙofa?

Wannan ita ce tambayar da nake so mu duba a wannan fili. Muna yawan yin wa'azi a kan falalar sulhu, kuma ya cancanci a yi. Amma ba kasafai ake gaya wa mutane cewa idan rigimar iyali ta riga ta kai kotu, har kotu ta ɗaure wata dukiya, to sulhun zaure kaɗai ba ya kwance wannan ɗauri ba. Dattawa sukan taru, a yi nasiha, a yi kuka, a yafe wa juna, a shafa fatiha, kowa ya kama gabansa, a manta da cewa akwai wata takarda mai hatimi da ke kwance a fayil a ofishin ƙasa da safiyo, ko a banki, wadda ba ta san an yi wannan zama ba. An kashe maciji ke nan ba a sare kansa ba.

Maganar da ke aiki da kanta

Fagena nazarin harshe ne, kuma ta wannan ƙofa zan shiga batun, domin a ganina tushen matsalar yana cikin yadda muka fahimci ƙarfin magana. Wani masanin falsafar harshe ɗan Ingila, John Austin na Jami'ar Oksfod, ya gabatar da jerin laccoci a Amurka a 1955, waɗanda aka buga a matsayin littafi a 1962, bayan rasuwarsa. Abin da ya jawo hankalin masana gare shi shi ne cewa akwai maganganun da ba labari suke bayarwa ba, furta su shi ne aikata abin. Bahaushe bai buƙatar dogon bayani a kan wannan. Idan waliyyi ya ce ya bayar, wakilin ango ya ce ya karɓa, a gaban shaidu, aure ya ɗauru. Idan liman ya raɗa wa jariri suna, suna ya tabbata. Idan miji ya furta saki, ba a tambayarsa ko da wasa yake yi. Shi ya sa aka ce magana zarar bunu ce.

Sai dai Austin ya ƙara da wani sharaɗi wanda shi ne ya shafe mu a nan. Irin wannan magana ba ta aiki sai ta fito daga bakin wanda ke da hurumin furta ta, a wurin da ya dace, ta hanyar da aka sani. Maƙwabci ba ya sakar wa mutum matarsa komai kusancinsu. Ɗan kallo ba ya busa tashi daga wasa ko da yana riƙe da usur. Odar kotu irin wannan magana ce. Ranar da alƙali ya ce kada a sayar da gidan nan, kada a taɓa kuɗin da ke asusun nan, matsayin gidan da na kuɗin ya sauya a idon doka nan take. Ita ma kalmar “na yafe” da 'yan'uwa ke faɗa wa juna magana ce mai aiki da kanta, kuma tana wanke zukata, tana sauke haƙƙi tsakanin mai yafewa da wanda aka yafe wa. Amma ikonta bai kai ga maganar alƙali ba, domin ba baki ɗaya ne ya furta su ba. Bakin da ya ɗaure, shi ne ke kwancewa.

Akwai kuma matsalar kalmomi. Turancin shari'a ya bambanta nau'o'in ɗauri da sunaye daban-daban, alhali mu a bakin titi duk mukan haɗa su a kalma guda, mu ce kotu ta ƙwace, ko kotu ta rufe. Akwai odar hani ta wucin gadi, wadda ke cewa kowa ya tsaya inda yake har a gama shari'a. Akwai kama kaya domin biyan bashin da kotu ta riga ta yanke, wanda ma'aikatan kotu masu aiwatar da hukunci ke yi, kuma yana iya kaiwa ga gwanjo. Akwai odar da ake aika wa banki a tsare kuɗin mutum. Akwai kuma takardar gargaɗi da wani daga cikin masu jayayya ko lauyansa ke sakawa a fayil ɗin fili a ma'aikatar ƙasa, domin kada a yi wata hada-hada a kansa. Kowanne da hanyar da ake bi a warware shi. Wanda aka gaya wa kotu ta ƙwace gidan ubansa zai ɗauka gida ya tafi, ba zai ma yi tunanin akwai abin da zai nema ba. Wanda kuma aka ce masa “an kashe maganar” zai ɗauka shari'a ta mutu, alhali a littafin kotu tana nan da ranta, an dai daina zuwa ne kawai.

Abin da magabata suka tsara

Kada mai karatu ya zaci tsare dukiyar da ake jayayya a kanta baƙon abu ne da Bature ya kawo. Malaman mazhabar Malikiyya sun yi bayaninsa tun da daɗewa, suna kiransa tauƙifi. Littafin Tuhfatul Hukkami na Alƙali Abubakar Ibnu Asim, mutumin Garnaɗa ta ƙasar Andalus wanda ya rasu a 1426, littafin da alƙalanmu suka daɗe suna dogaro da shi tare da Muhtasar na Shehu Halilu, ya keɓe wa batun fasali guda. A taƙaice, abin da aka tsara shi ne a dubi irin dukiyar. In gida ne, a ba wanda ke ciki wa'adin kwashe kayansa sannan a kulle. In abu ne mai kawo kuɗin shiga, kamar tanderun gashi ko wurin niƙa, to kuɗin da yake kawowa ake tsarewa, ba a kashe sana'ar. In ƙasa ce, a hana yin aiki a kanta. In kuwa abu ne mai saurin lalacewa, a sayar a ajiye kuɗinsa.

Abu biyu ke fitowa fili daga wannan tsari. Na farko, manufar tsarewa ita ce kare dukiyar domin mai haƙƙi ya same ta lafiya. Na biyu, tsarewar a haɗe take da wa'adin da alƙali ke bai wa mai da'awa ya kammala kawo hujjarsa, wato abu ne mai farko da ƙarshe. Haka nan a babin hana mutum sarrafa dukiyarsa saboda ƙuruciya ko wauta, malamai sun yi magana a kan ɗaurewa, sun kuma yi magana a kan kwancewa. Aya ta 6 a Suratun Nisa'i ta yi umurni da a miƙa wa marayu dukiyarsu idan an ga hankalinsu ya nuna, ta kuma ce a kafa shaidu a lokacin miƙawar. Ke nan sakin dukiya shi ma aiki ne mai ƙa'ida da shaida, kamar yadda riƙe ta yake.

Dokar zamani ma a kan wannan turba take. A shari'ar Kotoye da Babban Bankin Nijeriya, a 1989, Kotun Ƙoli ta ja kunnen alƙalai cewa odar hani da ake bayarwa a bayan idon ɗaya ɓangaren ta gaggawa ce kawai, ta ɗan taƙaitaccen lokaci kafin a saurari kowa. A shari'ar Gwamnan Legas da Ojukwu kuwa, a 1986, kotun ta yi tir da yadda gwamnatin soja ta jihar ta fitar da Cif Emeka Ojukwu daga wani gida a Ikoyi da ƙarfin tsiya alhali magana na gaban kotu. Darasin a bayyane yake. In gwamnati da bindigoginta ba ta da ikon yanke wa kanta hukunci a kan dukiyar da ke gaban alƙali, to babban wa a gidan gado ba shi da ikon ɗauko guduma ya fasa kwaɗon kotu don kawai ƙannensa sun ce sun amince. Yin haka na iya zama raina kotu, laifin da ke kai mutum gidan yari.

Lauyoyi za su ce, kuma gaskiyarsu ne, odar da aka bayar “har zuwa ƙarshen shari'a” takan faɗi da kanta ranar da shari'ar ta ƙare. Amma a nan gizo ke saƙar. Da farko, sai shari'ar ta ƙare ɗin a hukumance, ko ta hanyar hukunci, ko janye ƙara, ko korarta. Daina halartar zama ba ƙarewa ba ne. Na biyu, ko ta ƙare, manajan banki da jami'in rajistar filaye ba su halarci zaman ba. Takarda aka kawo musu suka rufe, kuma babu ma'aikacin da ke son aikinsa da zai buɗe ba tare da an kawo masa wata takardar ba. A da, lokacin da komai ke cikin fayil na kwali, gargaɗi kan ɓace tare da fayil ɗin. Yanzu da aka mayar da bayanan filaye cikin kwamfuta a hukumomi irin su AGIS a Abuja, da KANGIS a Kano, da KADGIS a Kaduna, abin da aka shigar yana nan daram har sai an zo da hujjar goge shi.

Wani abin da ke ƙara dagula lissafi shi ne rigimar gida ɗaya na iya rabuwa kotu biyu. Sashe na 277 na Tsarin Mulkin 1999 ya lissafa aure, da riƙon yara, da waƙafi, da kyauta, da wasiyya, da gado a matsayin al'amuran da Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ke duba wa Musulmi, kuma irin waɗannan ƙararraki daga kotunan shari'a na ƙasa suke tasowa. Amma Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978, a sashe na 39, ta ba Babbar Kotun Jiha hurumin sauraron jayayya a kan mallakar filin da gwamna ya ba da takardarsa. Saboda haka ana iya samun rabon gado a gaban alƙalin shari'a, a lokaci guda kuma wani daga cikin 'ya'ya ya garzaya Babbar Kotu yana cewa gida kaza ba ya cikin gado, nasa ne, da sunansa a takarda. Kowace kotu ta ba da tata odar. Ranar sulhu sai a tuna da ɗaya a manta da ɗayar.

Wa ke biyan kuɗin wannan sakaci?

Dukiyar da aka kulle ba ta zama yadda aka bar ta. Gidan ƙasa yana buƙatar yaɓe da gyaran indararo kafin kowace damina, in aka tsallake biyu ko uku, ruwan Agusta zai yi masa hukuncin da ba a ɗaukaka ƙara a kansa. Gidan siminti ma rufinsa na yoyo, ɓarayi na cire wayoyi da tagogi, 'yan shaye-shaye na mayar da shi matattara. Shago a Kantin Kwari ko Kasuwar Sabon Gari, in ya shekara a rufe, abokan ciniki sun koma wani wuri. Gona in ta rasa shuka a farkon damina, shekarar ta wuce ke nan. Mota in ta daɗe a harabar kotu, ƙarshenta sai 'yan gwangwan.

Kuɗin da ke tsare a banki ko a hannun ma'ajin kotu su ma narkewa suke yi, ko da ba a taɓa ko kwabo ba. Kafin watan Yunin 2023, dalar Amurka a farashin gwamnati tana wajen naira 460. Zuwa farkon 2024 ta haura naira 1,500. A cikin 2024 ɗin, alƙaluman Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa sun nuna hauhawar farashi ta wuce kashi 34 cikin 100. Marayan da aka tsare rabonsu a 2022, kuɗin da a lokacin zai saya musu fili, bayan shekara biyu ƙila ko harsashin gini ba zai yi ba. Babu wanda ya sace musu, amma an cuce su.

Kuma kusan kullum masu rauni ne ke shan wahalar. Babban ɗa mai albashi ko kasuwanci zai iya jira shekara goma. Matar mamaci da ta gama takabarta ta wata huɗu da kwana goma, tana jiran tumuninta ta kama haya ko ta ja jari, ba za ta iya ba. 'Yan mata da ake shirin aurarwa, da yaran da aka koro daga makaranta saboda kuɗin zango, su ma ba za su iya ba.

Saboda aikina, maƙwabta da dangi sukan kawo mini takardun Turanci in fassara musu, kuma ta nan na ga yadda abin ke faruwa. Wata dattijuwa ta taɓa zuwa da wata takarda da ta naɗe a leda, ta ce, “Malam, don Allah duba mini, an ce wai ita ce ta hana a sayi gidanmu.” Oda ce ta hani da aka bayar shekaru da dama da suka wuce, lokacin da 'ya'yan mijinta ke jayayya. Sun shirya tuntuni a gaban mai unguwa da limamin masallacinsu, an amince a sayar da gidan a raba kuɗin. Sai da aka sami mai saye, lauyansa ya je bincike a ofishin filaye, ya tarar da gargaɗin yana nan, mai saye ya janye. Da aka tashi komawa kotu, alƙalin da ya ba da odar an daɗe da sauya masa wurin aiki, biyu daga cikin magadan sun rasu sun bar nasu magadan, ɗaya kuma yana ƙasar waje. Abin da zama ɗaya zai gama a makon sulhu ya koma aikin watanni, har da sabon lissafin gado a cikin gado, wanda malamai ke kira munasaha, da sababbin mutane da ba su halarci sulhun farko ba, kuma ba dukkansu ne suka gamsu da shi ba. Tsugune ba ta ƙare ba.

Me ke hana mutane komawa kotu? Akwai gajiya, domin wanda ya sha zirga-zirgar shari'a ba ya son ko hanyar ya sake bi. Akwai kunya, domin a al'adarmu kai ɗan'uwa ƙara abin kunya ne, kuma bayan an shirya babu mai son ya zama shi ne ya sake ambaton kotu, kada a ce bai yafe har zuci ba. Akwai tsoron kashe kuɗi. Akwai kuma, a wasu gidajen, wanda barin abin a dagule ya fi yi masa daɗi, domin shi ke karɓar kuɗin haya a ɓoye, ko shi ke noma gonar. Irin wannan shi ne zai fi kowa cewa a bar maganar kotu, ai an gama.

Yadda ake rufe ƙofar rigima

Mataki na farko shi ne a rubuta sulhun. Aya mafi tsawo a Alƙur'ani, ta 282 a Suratul Baƙara, a kan rubuta bashi da kafa shaidu ta sauka, don haka babu wanda zai ce rubutu tsakanin 'yan'uwa rashin yarda ne. A ambaci kowace kadara da sunanta da inda take da lambar takardarta, a faɗi wanda ta faɗa wa, da abin da zai biya sauran in akwai, da ranar biya. In wani magaji ya zaɓi a ba shi wani abu ya fita daga rabon, wannan halas ne, malamai na kiransa taharuji, kuma suna kafa hujja da sulhun da aka yi da Tumadir, matar Sahabi Abdurrahman ɗan Aufu, a zamanin Halifa Usman. Amma a rubuta shi ƙarara. Kowane magaji ya sa hannu da kansa, mata da maza, bayan an karanta masa da harshen da yake ji.

Na biyu, a kai wannan takarda kotun da ta ba da odar, a nemi ta karɓe ta a matsayin hukuncinta. Wannan shi ke ba sulhu haƙora. A Babbar Kotu, hukuncin da aka yi bisa yardar ɓangarori ba a ɗaukaka ƙara a kansa sai da izinin kotu, kamar yadda sashe na 241 na Tsarin Mulki ya tanada. Wannan zama kuma shi ne kariyar masu rauni, domin a nan ne alƙali zai tambayi matar mamaci da 'ya'ya mata baki da baki ko da yardarsu aka yi, ya kuma duba ko abin da aka yanke wa marayu ƙanana maslaha ce gare su. Sulhun da aka yi a zaure, mata na cikin gida ana aika musu saƙo, ba kullum ne yake zama sulhu ba.

Na uku, kuma nan ne aka fi yin tuntuɓe, a roƙi kotu a fili ta janye kowace oda da ta bayar, ta ambaci kowace kadara da kowane asusu a cikin sabuwar odar. In kotu biyu ne, a je duka biyun. Na huɗu, a karɓi kwafe masu hatimin tabbatarwa, a bi sawun odar farko duk inda ta je: ma'aikatar ƙasa, da banki, da ofishin masu aiwatar da hukunci, da 'yan haya, da mai unguwa, da 'yan sanda in an sa su a ciki. A kowane wuri a karɓi shaidar cewa takarda ta shiga, bayan 'yan makonni kuma a koma a tabbatar an goge gargaɗin. Na biyar, a nemi lissafin duk kuɗin haya ko amfanin gona da aka tara a lokacin tsarewar, a raba shi yadda aka amince. Daga nan a buɗe ƙofa a gaban ma'aikacin kotu da shaidu, a shafe jan fentin bango, kowa kuma ya fara bin hanyar mayar da takardar rabonsa zuwa sunansa.

A nan ya kamata in yi wata togiya. Ba cewa nake yi alƙali ya saki dukiya da zarar an ce masa an shirya ba. Bashin mamaci yana gaba da wasiyya da gado, kuma magada ba su da ikon yafe wa juna haƙƙin wanda ke bin ubansu. Haka nan in sulhun ya ƙunshi cewa wani zai riƙe gida ya biya sauran kuɗi, hikima ita ce a ɗaura janye odar a kan kammala biyan, ko a riƙa saki kashi-kashi. Sau da yawa kwaɗon nan shi ne kaɗai abin da ke sa mai ƙarfi ya cika alkawari. Abin da nake ƙi shi ne ɗaurin da dalilinsa ya gushe amma aka bar shi saboda mantuwa.

Kira ga masu ruwa da tsaki

Ga Alƙalan Alƙalai da Manyan Jojin jihohinmu, ina ganin gyaran bai buƙatar sabuwar doka daga majalisa, umurnin aiki daga ofisoshinsu ya isa. Kowace kotu ta buɗe rajista ta musamman ta odojin da suka ɗaure dukiya, a riƙa duba ta lokaci-lokaci, duk shari'ar da aka daina zuwa a kira ɓangarorin a ji inda aka kwana. Kada a rufe fayil ɗin shari'ar iyali sai alƙali ya rubuta matsayin kowace oda da ya bayar a cikinta. Kuma kamar yadda kotu ke aika ma'aikacinta ya kai takardar rufewa, ita ce ya kamata ta aika shi ya kai ta buɗewa, maimakon a bar wa gwauruwa da marayu yawon ofis-ofis.

Ga masu aikin sulhu, wato masarautu, da limamai, da Hukumar Hisba wadda a Kano aka kafa ta da doka tun 2003, da cibiyoyin sulhu na kotuna irin wadda aka fara a Legas a 2002 kuma Kano ta buɗe tata a 2009, tambaya ɗaya nake roƙon su ƙara kafin a shafa fatiha: shin akwai wata takardar kotu a kan wannan dukiya? In akwai, a wakilta mutum biyu, ɗaya daga kowane ɓangare, a sa musu rana, kuma kada a ɗauka an gama sai sun dawo da takardar janyewa. Idan dattawa ne suka ba da wannan umurni, kunyar da ke hana ɗan'uwa ambaton kotu ta kau.

Ga lauyoyi, aikin da aka biya ku bai ƙare ranar da waɗanda kuke karewa suka rungumi juna ba. Wanda ya rubuta takardar neman a rufe, shi ya fi kowa sanin inda ya kai ta.

Mu kuma malaman harshe a jami'o'i muna da namu kason. Tsarin Mulki, a sashe na 36, ya tabbatar wa wanda ake tuhuma da laifi haƙƙin samun tafinta kyauta, amma bai yi irin wannan tanadi ga mai shari'ar gado ko fili ba, alhali takardun Babbar Kotu da na banki da na ma'aikatar ƙasa duk da Turanci suke. Sassan Hausa da tsangayoyin shari'a na Jami'ar Bayero, da Ahmadu Bello, da Usmanu Ɗanfodiyo suna da masanan da za su iya zama tare su daidaita kalmomin da za su bambanta tsarewa da ƙwacewa, da janye ƙara da korarta, su kuma fitar da takarda mai shafi ɗaya da Hausa, boko da ajami, wadda za a riƙa liƙa wa kowace oda, tana bayyana abin da aka hana, da dalili, da yadda ake neman a janye.

Daga ƙarshe, ga duk gidan da ya taɓa shiga irin wannan rigima Allah ya kawo sulhu, shawarata ita ce a binciko tsofaffin takardu tun masu sa hannu suna raye, tun ana ga-maciji da juna. Ba a fafe gora ranar tafiya, kuma ranar da mai saye ya zo, ko banki ya nemi jingina, ko wani daga cikin dattawan da suka shaida sulhun ya kwanta dama, ba ita ce ranar fara neman fayil ba. Allah ya jiƙan magabatanmu, ya sa albarka a abin da suka bari, ya kuma kiyaye mana zumunci.